Sa Hannun Wa Ake Jira a Ƙofar Ɗakin Haihuwa?

Duk wanda ya bi ta ƙofar asibitin gwamnati a Madina ko Maamobi, unguwannin Zango na Akra, da sassafe ranar awo, zai ga abin da kakannin mutanen Zango ba su taɓa gani ba. Mata ne jere a kan benci tun kafin rana ta ɗaga, mayafi kala-kala, kowace riƙe da littafin awo da katin inshorar lafiya. Wata ta bar tukunyar koko da ƙosai a hannun 'yarta, wata ta rufe teburinta a kasuwar Madina, wata kuma daga Nima ta shigo tirotiro da goyo a baya da ciki a gaba. Shekaru da dama ana yi wa matan Zango gorin cewa ba sa son asibiti, sun fi yarda da ungozomar unguwa da rubutun sha. Yau wannan gori ya rasa wurin zama.

Alƙaluman ƙasa ma haka suka nuna. Binciken lafiyar mata masu haihuwa da aka yi a Gana a 2017 ya gano cewa mata 98 cikin 100 suna zuwa awo wurin ƙwararru, 79 cikin 100 kuma a asibiti suke sauka. Tun Yulin 2008, zamanin Shugaba Kufuor, aka sanya awo da haihuwa cikin abin da inshorar lafiya ta ƙasa ke ɗauka kyauta, kuma hakan ya buɗe ƙofa ga matan da a da kuɗi ke tsare su a gida. Amma binciken nan dai ya ce a kowace haihuwa 100,000 ana rasa uwa 310. Mata sun amsa kira, sun zo. Saura a duba abin da suke tararwa idan sun shiga, musamman abu guda da ba a cika maganarsa a majalisa ko a masallaci ba: idan za a taɓa jikin mace, a yanka ko a ɗinke ko a ɗaure, wa ake tambaya, da wane harshe, kuma amsar wa ake ɗauka?

A Oktoban 2019 mujallar likitoci ta The Lancet ta buga wani bincike da Hukumar Lafiya ta Duniya ta jagoranta a asibitoci 12 na ƙasashe huɗu: Gana, Gini, Najeriya da Miyanma. Abin da ya bambanta shi da sauran bincike shi ne masu aikin ba su tsaya ga tambayar mata bayan sun koma gida ba. A Gana da Gini da Najeriya sun zauna cikin ɗakin haihuwa, suka kalli naƙudar mata 2,016 da idonsu. Mata 838 daga ciki, wato sama da kashi 41 cikin 100, an mare su ko an daka musu tsawa ko an zage su ko an wulaƙanta su. Cin zarafin ya fi yawa daga minti 30 kafin fitowar jariri zuwa minti 15 bayanta, daidai lokacin da mace ba ta da ƙarfin kare kanta. Ƙananan mata da waɗanda ba su yi boko ba su suka fi shan wahalar.

Akwai kuma ɓangaren da ba ya barin shatin yatsa a kumatu. Cikin mata 253 da aka yi wa ƙari, 190 ba a nemi yardarsu ba. Cikin 261 da aka yi wa tiyata, 35 ba su bayar da izini ba. Gwajin da ake sa hannu a duba buɗewar mahaifa kuwa, kusan kashi 59 cikin 100 an yi shi ba tare da an nemi yardar matar ba.

Ƙarin nan ya cancanci a tsaya a kansa, domin mata da yawa sun ɗauke shi kamar farilla a haihuwar fari. A gidan suna za a ji ana tambayar mai jego a hankali, “An yi miki ƙari?” kamar yadda ake tambayar ko ruwan nono ya zo. Alhali tun 2018 ƙa'idojin Hukumar Lafiya ta Duniya suka hana yin ƙari ga kowace mace a matsayin al'ada, sai inda buƙata ta bayyana. Ƙa'idojin nan sun hana danna cikin mai naƙuda daga sama don a turo jariri, sun kuma ce a bar ta ta zaɓi wanda zai zauna kusa da ita har ta sauka. Yanka ne a wuri mafi sirri a jikin mutum, ana ɗinke shi, yana iya hana mace zama da tsugunno na makonni, wani lokaci ya shafi zamanta da mijinta na watanni. Gaya mata dalili da neman amsarta ba ya cin fiye da numfashi biyu tsakanin wannan nishi da na gaba.

Adalci ne a saurari ungozomomi, domin su ma a wuta suke. Ungozoma guda kan kwana tana zagaya gadaje da yawa, jini na ƙarewa a ma'ajiya, ana buga waya asibitin Ridge ko na 37 ko na Korle Bu a ji babu gado. Abokan aikinta kuma suna ta tafiya: a 2022 kaɗai ma'aikatan jinya 'yan Gana sama da 1,200 suka yi rajistar aiki a Birtaniya. Da yawa cikinsu za su ce tsawar nan don ceton jariri ce, idan mace ta haɗe ƙafa kan yaro na bakin fita ba lokacin lallashi ba ne, kuma idan aka rasa shi su za a kira gaban kwamiti. Tsoronsu gaskiya ne. Sai dai gajiya ba ta bayyana dalilin da ya sa marin ya fi sauka a kan yarinya 'yar shekara 17 da ba ta jin Turanci, ya tsallake ma'aikaciyar banki da ke gadon kusa da ita. Inda wulaƙanci ke zaɓen fuska, akwai raini a ciki, kuma raini ba ya jiran kasafin kuɗi kafin a gyara shi.

A nan ne Zango ke da tasa matsala ta daban. Madina gari ne da baƙi suka kafa a 1959 ƙarƙashin Alhaji Seidu Kardo, bayan an tashe su daga Shiashie kusa da filin jirgin sama, kuma har gobe baƙi take karɓa, kamar Nima da Maamobi. Hausa ce ta haɗa Dagomba da Kotokoli da Zabarmawa da Fulani da Mosawa da Busawa a tsakar gida ɗaya. Ga kayaye, 'yan matan Arewa masu dakon kaya a ka, waɗanda sunansu ma rabinsa Hausa ne rabinsa harshen Ga. Da yawansu Dagbani ko Mampruli kawai suke ji sosai. Ma'aikacin asibiti kuwa Turanci ya yi karatu da shi, Twi ko Ga ko Ewe yake yi a gida, takardar neman izinin tiyata kuma da Turanci aka buga ta. Sai a miƙo takarda ga mace tana murƙususu, a kama babban yatsanta a dangwala. A fayil an samu izini. Ita kuwa ba ta san ko ciro jariri kawai za a yi ko har da ɗaure mahaifa ba. Idan an yi sa'a a kira wata mai shara ko wata majinyaciya ta yi tafinta, ta taƙaita bayanin likita na minti biyar zuwa kalma uku: “Aiki za a yi.”

Kotuna a Afirka sun riga sun faɗi matsayin irin wannan dangwale. A Namibiya wasu mata uku masu ɗauke da ƙwayar HIV sun kai gwamnati ƙara saboda an ɗaure musu mahaifa a asibitocin gwamnati lokacin tiyatar haihuwa. Gwamnati ta fito da takardu ɗauke da sa hannunsu. Babbar kotu a 2012, sannan kotun ƙoli a 2014, suka ce sa hannun da aka karɓa mace na tsakiyar naƙuda, ba tare da ta fahimci abin da zai biyo baya ba, bai zama yarda ba ga aikin da ba a warware shi. Gana ba ta rasa irin wannan ƙa'ida a rubuce ba. Kundin haƙƙin majinyata da Hukumar Lafiya ta Gana ta fitar a 2002, wanda daga baya ya shiga Dokar Lafiyar Al'umma ta 2012, ya ba majinyaci haƙƙin cikakken bayani kan ciwonsa da maganinsa da haɗarin da ke ciki, da sanin wasu hanyoyin magani, da sanin waɗanda ke taɓa shi har da ɗalibai, da sirri lokacin da ake duba shi. A asibitoci da dama yana manne a bango. Da Turanci.

To amma idan aka tsaya a kan asibiti kaɗai an faɗi rabin gaskiya, domin a gida ma ana karɓe wa mace bakinta. Likita ya ce jinin nan ya hau, ga kumburi, jijjiga na iya zuwa kowane lokaci, dole a ciro yaron yau. Sai matar ta sunkuyar da kai ta ce, “Sai mai gida ya zo.” Mai gida kuwa direba ne yana hanyar Tamale ko Bawku, ko ya tafi Lome saro kaya, ko yana Jamus waya ba ta shiga. A kira Hajiya, uwar miji, ta ce ita goma ta haifa a ɗaki ba wanda ya tsaga ta, a dai ƙara haƙuri, a kawo rubutu. Ma'aikatan asibiti su ma sun saba; da yawa ba sa motsawa sai sun ga namiji ya sa hannu, don gudun rigimar dangi idan abu ya ɓaci. Tun 1994 masana biyu, Thaddeus da Maine, suka bayyana jinkiri uku da ke kashe masu haihuwa: jinkirin yanke shawarar tafiya asibiti, jinkirin isa, da jinkirin samun kulawa bayan an isa. A Akra hanya ba ta da nisan da take da shi a ƙauye. Jiran sa hannun wanda ba ya nan kuwa yana ɗauko jinkirin farko ya shigo da shi har bakin ɗakin tiyata.

Kunya tana da hannu a ciki, kuma kunya abin ado ce a tarbiyyar Bahaushiya. An koya wa yarinya kada ta yi raki a haihuwar fari, kada ta kira sunan ɗan fari, kada ta ɗaga ido gaban surukai. Amma likitan da ya ga shiru ya ɗauka amincewa ce ya yi kuskure, kamar yadda dangin da suka ga shirun suka amsa a madadinta suka yi. Mai ɗaki shi ya san inda yake masa yoyo. Ita ke jin ciwon, ita za ta kwanta a ƙarƙashin wuƙa, ita za ta rayu da tabon.

Masu cewa addini ne ya ɗora wannan hukunci a hannun miji ya kamata su koma ga malaman da suka zauna a kan mas'alar. Majalisar Fiƙihu ta ƙasashen Musulmi, a zamanta na Jidda a 1992, ta ce sharaɗin yi wa mutum magani shi ne izininsa idan baligi ne mai hankali, ba ta ware mace ba; ta ce ba a kula da ƙin waliyyi idan ƙin zai cutar da wanda ke ƙarƙashinsa, kuma a halin gaggawa da rai ke cikin haɗari ba a jiran izini. A zamanta na Kuwait a 1988 ta halatta tazarar haihuwa ta ɗan lokaci bisa shawara da yardar ma'aurata biyu, ta hana kashe haihuwa gaba ɗaya sai da larura. Wato malamai sun bambance abin da ya shafi zuriyar mutum biyu, inda shawarar miji ke da gurbi, da aikin ceton rai, inda jiki da ran na matar ne. Kundin tsarin mulkin Gana na 1992 ma, a sashe na 30, ya ce wanda ciwo ya hana shi bayar da izini, ba wani mahaluki da zai hana a yi masa magani don dalilin addini ko wata aƙida kawai. Mijin kirki a yi shawara da shi, a gaya masa komai idan matar ta yarda, ya tsaya kusa, ya nemo masu ba da jini. Wannan shi ne aikinsa, kuma babba ne.

Maganar likita namiji ita ma an daɗe da warware ta. Majalisar nan a Burunai a 1993 ta ce asali mace ta duba mace, idan babu sai namiji amintacce, ya buɗe iya abin da larura ta kai, kuma da miji ko muharrami ko wata amintacciyar mace a wurin. Abin da matan Zango ke nema ke nan: labule, zanen rufa, mace a gefe, sallama kafin a ɗaga mata riga. Hausawa sun ce ranar wanka ba a ɓoyon cibi, kuma mace mai naƙuda ta san haka, shi ya sa ta zo. Karin maganar dai bai ce a tara ɗalibai shida a kanta ba tare da an gaya mata su wane ne ba. Dole ɗalibai su koya, in ba haka ba gobe babu ungozoma. Yawancin mata idan aka roƙe su da mutunci za su yarda, wadda ta ƙi kuma a ƙyale ta.

Akwai wata dabara da ta fi tsawa laushi, ita ce ɓoye bayani da sunan tausayi. A Sikotilan wata mata mai suna Nadine Montgomery, gajeriya mai ciwon sukari, ta haihu a 1999. Ga irinta akwai haɗarin kashi 9 zuwa 10 cikin 100 kafaɗar jariri ta maƙale, amma likitarta ba ta gaya mata ba, domin a ganinta idan aka gaya wa mata za su zaɓi tiyata. Kafaɗar ta maƙale, yaron ya rasa iska, ya tashi da nakasar ƙwaƙwalwa. A 2015 kotun ƙolin Birtaniya ta yanke cewa wajibi ne likita ya faɗi duk haɗarin da mai hankali a matsayin majinyacin zai so ya sani, da sauran hanyoyin da ake da su. A Zango abin yakan zo ta ɗaya gefen: mata na tsoron tiyata, ana ta raɗe-raɗin cewa don kuɗi ake yanka mutane, ko wadda aka yi wa aiki ba za ta wuce haihuwa uku ba. Yawan tiyatar haihuwa a Gana ya tashi daga kashi 13 cikin 100 a 2014 zuwa wajen kashi 21 a 2022, don haka tambayar da mata ke yi ba ta wauta ba ce. Matar da aka nuna wa cewa mabiyiya ta tare ƙofa, ko yaron a gicciye yake, da harshen da take mafarki da shi, ba kasafai take gudu ba. Wadda aka yi wa aiki ba bayani kuwa, ita ce za ta zauna a gidan suna ta hana mata goma komawa asibiti. Mutanen Kano sun san wannan darasi: gwajin maganin Trovan da aka yi a kan yara wajen 200 a 1996 yana cikin abin da ya ciyar da ƙin allurar shan-inna a 2003.

Sirri ma amana ce, kuma a Zango nauyinta ya ninka, inda gida ɗaya ke ɗauke da iyali goma, mai ba da kati a asibiti kuma wataƙila maƙwabciya ce. Sakamakon gwajin jini na awo, ko allurar tazara da mace ta karɓa, ko cikin da ya zube, idan ya fita daga ɗakin likita ya isa unguwa kafin la'asar yana iya kashe aure. Yarinyar da aka kawo tana zubar da jini, farkon abin da take buƙata a tsayar da jinin, a yi mata wankin ciki da maganin kashe zafi. Tun 1985 dokar Gana ta halatta likita ya cire ciki a asibiti idan fyaɗe ne, ko cikin muharrami, ko ran uwa ko lafiyarta na cikin haɗari, ko jaririn na da mummunar nakasa. Malamai suna da nasu bayani a kan haka, ma'aikaciya ma tana da nata imani. Duk yadda ta ɗauki lamarin, gadon asibiti ba wurin tuhuma ba ne, kuma barin mai zubar jini ta jira don ta ji a jikinta zalunci ne da babu mazhabar da ta yarda da shi.

Gyaran da ya fi sauƙi yana hannun matan nan da ke kan benci tun asuba. Tun 2018 Gana ta haɗe littafin awo da na yaro ya zama guda, kuma a cikinsa akwai wurin shirin haihuwa. Hukumar Lafiya ta Duniya tun 2016 ta ce mai ciki ta ga ma'aikaci sau takwas. Zama takwas ya isa a yi maganar ƙari da tiyata da ƙarin jini da ɗaure mahaifa tun mace na cikin hayyacinta, a tambaye ta wa take so a kira, wa take so ya shiga da ita, me take so a gaya wa miji, a rubuta. Asibitocin da ke tsakiyar Zango, irin su babban asibitin Maamobi da na Kekele a Madina, su suka fi dacewa su fara ajiye mai jin Hausa da Dagbani a kowane zubin aiki, dare da rana, a matsayin ma'aikaci mai albashi da aka koya wa riƙon sirri. Gidajen rediyon da ke shirin Hausa za su iya karanta kundin haƙƙin majinyata sashe-sashe. Ƙungiyar matan Musulmi ta FOMWAG, da ke aiki tun 1992, da makarantun Islamiyya na matan aure, suna da kunnen da asibiti ba shi da shi. Limamai kuma, daga ofishin Babban Limamin Ƙasa Sheikh Usman Nuhu Sharubutu har zuwa masallacin lungu, huɗuba guda za su yi su gaya wa maza cewa wanda zai yi tafiya matarsa na wata tara, ya bar magana a fili gaban uwarsa: idan likita ya ce aiki, amsar matar ta isa.

Wadda aka zalunta kuma tana da inda za ta kai kuka: hukumar asibitin, Majalisar Ma'aikatan Jinya da Ungozomomi, Majalisar Likitoci, da hukumar kare haƙƙin ɗan Adam ta CHRAJ. Kaɗan ne ke zuwa. Idan uwa da ɗa sun fito da rai, dangi kan ce barka da arziki, a bar wa Allah sauran, a shiga hidimar suna da wankan jego. Matar da ta shekara huɗu tana jiran wani ciki, tana yawon asibiti da gidan malamai, sannan hoton ciki ya nuna mata an ɗaure mahaifarta tun ranar tiyata, tana da ikon komawa ta nemi a buɗe fayil ɗinta, a karanta mata da Hausa abin da ke saman dangwalen yatsanta, a gaya mata wanda ya yi mata bayani a ranar da kuma harshen da ya yi shi.